Jar Layar da Ta Dawo Daga Indiya

Flat ɗinmu na unguwar Woolwich a London yana hawa na uku, kuma a falonsa akwai wata wutar gas da aka gina cikin bango, mai garwashin ƙarya da ba ya zama toka. Kakata Hajiya Dije, mahaifiyar Abba, ta raina wutar nan tun ranar da ta fara ganinta. Ta ce wace irin wuta ce wannan, ba ta gasa gyaɗa, ba ta sa hawaye. Duk da haka ba wanda ya kai ta manne mata. Da sanyi ya shigo, rana ta fara faɗuwa tun ƙarfe huɗu, ana idar da isha'i sai ta jawo buzunta gaban wutar, ta miƙe ƙafafu cikin safa biyu-biyu, ta ƙwala mini kira.

"Babana, zo ka danna mini ƙafar nan in ba ka labari."

Sunan mahaifinta aka sa mini, Abubakar, don haka bakinta bai taɓa kama sunana ba. Shekarata goma a lokacin. Na ji tatsuniyar kura da ta zomo har na haddace, ina ma gyara mata in ta yi tsallake, ita kuma ta ce ɗan London mai Hausar kanti ne zai koya mata tatsuniya. Amma akwai labari ɗaya da ba kullum take bayarwa ba. Ina gane zuwansa idan na ga ta sa hannu cikin wuyan rigarta ta fito da wata laya ta jar fata, wadda gumi da shekaru suka mayar kusan baƙa.

"Wannan kada ka ce ta zo mu ji ta," in ji ta. "Wannan ta riga ta zo, ga ta a wuyana."

Mahaifinta, Kofur Habu, baduku ne ɗan baduku a Zariya. Turawan mulki suka ɗauke shi soja lokacin yaƙin Bama, aka zuba su a jirgin ruwa sai Indiya, aka ajiye su a wani bariki suna jiran a tura su daji. A can ya tarar Baturen da ke mulkin garinsu shi ne ke mulkin wannan ƙatuwar ƙasa, kuma mutanenta sun gaji.

"Sun kasu biyu," Kaka takan ce, tana ɗaga yatsu. "Akwai masu zama a kan titi a yi ta jibgarsu da kulki ba su ramawa, wai sai Bature ya ji kunya. Akwai kuma samari masu zafin kai da suka ce wanda ya shigo da bindiga ba ya fita da magiya. Su ne masu yanke wayar tangaraho, su kwance layin dogo jirgin soja ya kife, su buga takardu a ɓoye a watsa a kasuwa. Wasunsu ma a nan garin naku suka yi karatu, suka koma gida da ƙananan bindigogi cikin littattafan da aka rarake. Wanda aka kama, igiya."

A barikin akwai wani mai wanki da guga, irin waɗanda sojoji ke kira dobi. Kaka ba ta san sunansa ba, Dobi kawai take ce masa. Ƙaninsa yana cikin samarin nan. Kofur ya taɓa ɗinke masa takalmi, shi kuma yakan ajiye masa shayi mai madara da citta a bayan ɗakin wanki. Ba mai jin yaren wani, sai sallama da ɗan Turancin bariki, amma suka shaƙu. Wata rana Dobi ya kawo masa kakinsa a goge, ya nuna masa aljihu. Takarda ce a ninke. An hana ma'aikata 'yan ƙasa fita daga barikin, wanda aka bari ma sai an tuɓe shi a bakin get. Da hannu da ido Dobi ya yi masa kwatance: mai sayar da shayi kusa da tashar jirgin ƙasa, shago mai koriyar ƙofa, kafin Juma'a.

Nan ne wurin da na fi so. Sojojinmu ma ana caje su, aljihu da hula da cikin takalmi, amma ba a taɓa laya. An taɓa yin wani hafsa da ya yanke wa soja layarsa don ya ga abin da ke ciki, kamfani guda suka ƙi cin abinci suka ƙi fareti, daga ranar aka ba da oda a bar wa Hausawa layunsu. Kofur ya ɗauko basillarsa da guntun jar fata, ya ninke takardar kamar yadda malamai ke ninkewa, ya ɗinke, ya rataya tare da sauran layunsa.

"Sajan Bature ya taɓa ta da bakin sandarsa," Kaka takan ce, ta rage murya, ni kuma in daina danna ƙafar. "Ya ce mene ne wannan? Baba ya ƙame ya ce magani ne, sa. Ya dube shi, ya dube shi. Sai ya ce wuce." Sai ta tafa hannu. "Ya wuce! Ƙurunƙus. Kan kusu babu shi a London, masu sharar council sun kwashe, tashi ka wanke baki."

Ni kuma in tashi ƙirjina a buɗe, ina jin ni ne Kofur. Har Abba ya koma kirana da haka. Ban taɓa tambayarta abin da ya biyo baya ba, don a wurina labarin ya ƙare a bakin get.

A shekarar nan gidanmu yana cikin zaman jira. Kaka tana da ciwon ƙoda, sau uku a mako ake kai ta asibiti a wanke mata jini. Abba ne kaɗai ɗanta da ya rage a duniya. Ya shigar mata da takardun neman zama a ƙasar, wata da watanni shiru. In aka hana, sai ta koma gida ita kaɗai, kuma ko ni yaro na san abin da hakan ke nufi ga mai ciwo irin nata. Kullum da safe Abba yakan sauka ƙasa da silifas ya duba akwatin wasiƙu kafin ya tafi asibitin da yake aikin haɗa magani. Ko takardar tarar ajiye mota ba ya yarda a manna masa. Yakan ce mana mu bi ƙasar nan a hankali kamar mai ɗauke da tiren ƙwai.

Sai ga ni, ɗan tiren ƙwai, malamar ajinmu ta ce kowa ya rubuto labarin jarumin danginsu. Na zauna na zuba shafi biyu da Turancina mai kyau. Na ce danginmu suna riƙe da saƙon sirri na wasu mayaƙa masu kifar da jiragen ƙasan Ingilishi. Na ce kakata ce ke rataye da shi a wuya, a ɗinke cikin fata, kuma ba ɗan sandan da ya isa ya buɗe. Na ce sunan wanda ya ɗauko shi nake da shi, kuma in na girma ina so in yi irin abin da ya yi. A ƙasa na zana jirgin ƙasa yana ci da wuta, na ɓata jan fenti sosai. Abu ɗaya na manta: ban faɗi yaushe aka yi abin ba. Kaka ba ta sa wa labari shekara, ni ma ban sa ba.

Ranar Litinin aka fitar da ni daga aji aka kai ni ofishin shugabar makaranta. Ba wanda ya yi mini tsawa. Da murmushi ake tambayata, wata mata tana rubutawa, kuma rubutun nan ya fi tsawa tayar mini da hankali. Wa ke zuwa gidanmu? Da wane yare aka rubuta saƙon? Wa ya ce mini ɗan sanda ba zai buɗe ba? Na tuna Abba da silifas ɗinsa. Sai na ji bakina yana cewa kakata tsohuwa ce, ba ta da lafiya, kanta ba daidai yake ba, ƙarya take shiryawa. Matar ta rubuta wannan ma. Aka ba ni wasiƙa in kai gida: ana son ganin iyayena ranar Alhamis, a zo da abin da ke wuyan kakata.

Abba ya karanta wasiƙar a tsaye, ko kwat bai cire ba. Ya karanta sau biyu.

"Abubakar," ya ce. Ranar ba Kofur. "Ka san abin da ka yi?"

Bai jira amsa ba, ya wuce gaban wutar ya durƙusa.

"Inna, sai an buɗe layar nan. An sa mana meeting ranar Alhamis."

"Ba a buɗe laya," in ji Kaka.

"Ai ba laya ba ce, Inna. Ke da bakinki kika ce takarda ce."

"Fata ta rufe ta, ubana ya ɗinke ta, ya rataya mini da hannunsa ranar da zai cika. Laya ce."

"Su ba su san baduku ba, ba su san Zariya ba. In suka buɗe wa gidan nan file, ba a gogewa. Application ɗinki yana hannun hukuma, Inna. Ki taimake ni."

Kaka ta mayar da layar cikin riga ta juya wa wutar fuska. Umma ta ja ni kicin ta zuba mini abinci, na kasa ci.

Kwana biyun da suka biyo baya ban taɓa ganin dogayen kwanaki irinsu ba. In lif mai hawa bene ya tsaya a hawanmu sai in daina numfashi har in ji ƙofar da aka nufa. In motar 'yan sanda ta wuce ta kan babban titi da jiniya, sai in leƙa taga in ga ko za ta karyo kwanarmu. A raina na riƙa ganin Kaka a filin jirgi cikin keken guragu, da jakarta ɗaya a cinya. Abba ya daina yi mini magana, ba don fushi ba, ina jin tsoron abin da zai fito daga bakinsa yake yi. Kaka ba ta kira ni danna ƙafa ba. Ni kuma ga wani dutsen daban a ƙirjina, abin da na faɗa a kanta a ofis, wanda ba wanda ya sani a gidan.

Ranar Laraba, bayan isha'i, ta ce, "Babana, kawo mini reza."

Ita ta yanke zaren da kanta, ɗinki ɗaya bayan ɗaya, tana cewa dubi aikin baduku, shekara saba'in bai saki ba. Takardar ta fito ƙarama, ta yi launin ƙasa, ninkinta yana neman karyewa. Abba ya buɗe ta a kan tire. Haruffan irin na Larabci ne. Kaka ta sa tabarau ta bi su da yatsa, ta ce baƙaƙen dai ta san su, amma wannan ba aya ba ce, ba kuma ajami ba. Na ga fuskar Abba ta ƙara faɗawa. Gobe zai shiga ofis da takarda mai rubutun Larabci wadda shi kansa bai san abin da ta ce ba.

"Kira mini Mai Rawani," in ji Kaka.

Mai Rawani maƙwabcinmu ne na hawan ƙasa, tsohon direban bas ɗan Indiya, ya haura tamanin, da farin gemu da rawani shuɗi. Shi da Kaka sukan haɗu a bencin bakin gini, tana yi masa Hausa yana yi mata yarensu, kowa yana nuna gwiwarsa mai ciwo. Abba bai so maganar ta fita daga gida ba, amma ba shi da wata dabara. Ya sauka ya hawo da shi.

Tsohon ya ce da wannan rubutun aka koya musu karatu suna yara, kafin a raba ƙasarsu. Ya matso da takardar kusa da fitila. Ya karanta a zuci, leɓensa yana motsi, sai na ga ya tsaya ya cire tabarau ya goge. Sannan ya fassara da Turanci a hankali, Abba yana mayar wa Kaka da Hausa.

Kada kowa ya je gidan bayan rijiya ranar Juma'a. Wani a cikinmu ya sayar da mu, sun san wurin, sun san lokacin. Ku ƙone takardu, ku gaya wa ƙanina ya tafi ƙauye. Mai ɗauke da wannan baƙin soja ne, mutumin kirki ne. Kada ku ji tsoronsa. Ku ba shi shayi.

Abba ya sauke ajiyar zuciya, don ba bam a ciki, ba sunan kowa. Ni ma na fara jin sanyi. Sai wani abu ya faɗo mini wanda ya kamata ya faɗo tun ranar da na fara jin labarin.

"Kaka," na ce, "in ya kai musu, me ya sa take wuyanki?"

Ba ta dube ni ba, wutar take kallo.

"Ya wuce get, wannan gaskiya ne," ta ce. "Ya je har titin tashar. Ya hango koriyar ƙofar. Sai ya ga 'yan sanda biyu a tsaye a tsallake, suna taunar wani abu, ƙila ma ba ruwansu da shagon. Ya ce ƙafarsa ta ƙi. Sojan da aka kama da irin wannan harbe shi ake yi, ga uwarsa a Zariya. Ya zaga kasuwa ya koma bariki. Da Dobi ya tambaye shi da ido, ya ɗaga masa kai, wai ya kai. Dobi ya kama hannunsa ya sa a goshi." Ta cire tabarau. "Ranar Asabar aka zo aka tafi da Dobi. Bayan mako guda aka tura su daji. Bai taɓa buɗewa ba, ya ce in bai sani ba zai iya cewa ƙila gaisuwa ce. Ni ma da ƙilan nan na zauna har yau."

Mai Rawani ya tambayi Abba abin da ta ce, Abba ya gaya masa a gajarce, kansa a ƙasa. Na zaci tsohon zai yi fushi, mutanensa ne fa. Ya daɗe yana kallon takardar. Sai ya dafa sandarsa ya miƙe, ya ce mu jira shi, ya fita.

Abin da ya faru a makaranta washegari ba shi da tsawo. Mai Rawani ya bi mu, ni da Abba da Kaka, da sabon rawani, ya karanta musu takardar, ya nuna musu tsufanta, ya ba su tarihin da ba su tambaya ba har shugabar ta fara duba agogo. Aka ba mu haƙuri, aka ce in riƙa sa shekara a rubutuna. Amma kafin mu fito, matar nan mai rubutu ta ce wa Abba, cikin tausayi, yaron ya ce kakarsa tana da matsalar ƙwaƙwalwa, ko ana buƙatar taimako? Abba ya dube ni. Kaka ta ce me ta ce, ya ce ba komai, ta ce ƙarya kake, ya faɗa mata. Ba ta yi mini faɗa ba, a bas ma hannuna ta riƙe har gida. Takardunta suka fito da bazara. Ta ƙara shekara shida tare da mu, a nan muka binne ta.

Na daɗe ina jin haushin Kofur Habu. Akwai lokacin da na hana Abba kirana da sunan. Nakan kwanta ina lissafa mutanen da suka je gidan bayan rijiya ranar Juma'ar nan, ban san yawansu ba, ban san fuskokinsu ba, ban san ko igiya aka ba su ko kurkuku ba. Ƙasarsu ta samu 'yanci bayan 'yan shekaru, ban sani ba ko ƙanin Dobi ya gani. Har yanzu in na bi ta gaban tsofaffin gine-ginen soja na unguwarmu sai abin ya taso mini. Sai da na girma na yarda da abin da na sani tun ina shekara goma: shi 'yan sanda biyu ya hango, da bindiga a bayan maganar, kafin ƙafarsa ta ƙi. Ni mata biyu ne masu murmushi da biro, kuma ban yi minti biyar ba na sayar da kakata. Ina tsoron wannan halin a jikina fiye da yadda nake tsoron kowace hukuma. Duk ranar da aka ba ni amana a wurin aiki ko a gida, nakan ji ƙafata, in tambaye ta ko za ta ƙi.

Kuma nakan koma daren Larabar nan. Mai Rawani ya fi minti ashirin bai dawo ba, har Abba ya fara zaton ya tafi ke nan. Sai muka ji lif. Ya shigo da ƙaramin tire a hannunsa, da kofi ɗaya a kai, ƙamshin citta da madara ya cika falon. Ya ajiye a gaban Kaka, ya yi magana, Abba ya fassara da wata irin murya da ban san shi da ita ba.

"Ya ce wasiƙa ta makara, amma yau ta shiga hannun mutumin ƙasarsu. Ya ce sauran abin da ke ciki ya wuce ikonsa. Layin ƙarshe ne kawai zai iya cikawa."

Kaka ta ɗauki kofin da hannu biyu. Ta kai shi kusa da baki, hawaye suka zubo mata, ta kasa. Sai ta miƙo mini.

"Babana, karɓi. Kai aka ce a ba."

Na so in ce mata ban cancanta ba, in faɗa mata abin da na ce ranar Litinin. Bakina ya ƙi, kamar ƙafar mai sunana. Tsohon yana tsaye a kaina da sandarsa, yana jira. Na kafa kai na shanye, da zafinsa, har ya ƙona mini harshe.